Wai Sony A7 IV kyamarar ƙwararru ce? Muhawara a zauren masu ɗaukar hoto

Baban Hanifa: Salamu alaikum. Ni fa abin nan ya fara isata. Duk yaron da ya shigo zauren nan ya ce zai bar DSLR, wato kyamara mai madubi a ciki, ya koma marar madubi, kafin ya rufe baki an ce masa A7 IV, sai ka ce babu wata kyamara a duniya. To a riƙa gaya wa yara gaskiya mana. Ful-firem ce, wato mai babbar sensa daidai girman fim na da, mai megafiksel 33, an ji, amma in ka sa shata marar ƙara, wato ta lantarki da ba ta amfani da labulen inji, sensarta a hankali take karanto hoton daga sama zuwa ƙasa, kusan 1/15 na daƙiƙa. Shi ya sa a holin biki mai fitilun LED hoto ke fitowa da layi-layi, mai rawa kuma in ya juya da sauri sai hannunsa ya lanƙwashe. Hoto 10 a daƙiƙa da ake ta tallatawa sai a matsattsen RAW, wato ɗanyen fayil ɗin hoto, mai zubar da wani abu. Ka koma wanda ba ya asara, ta sauko wajen 6. A bidiyon 4K 60 kuwa sai ta yanke firem da 1.5, lens ɗinka na 24 ya koma 36. Wannan ba kyamarar ƙwararru ba ce, ta masu sha'awa ce da aka yi wa kwalliya.

Ɗan Sony: Wa alaikumus salam. Oga, da ka tsaya a layi-layi da mun yi magana ta ilimi. Amma "ba ta ƙwararru ba ce"? Waye ƙwararre? Kyamara mai ramin kati biyu, na farko yana cin CFexpress Type A ko SD, tana rubuta hoto a duka biyun lokaci guda, ga bidiyo 10-bit 4:2:2 a cikinta. Me kuma ƙwararre yake nema?

Malam Canon: Ramin kati biyu ba shi ne ƙwarewa ba. Canon R6 ta 2020 ma tana da biyu, duka SD masu saurin UHS-II, ba sai ka je neman kati mai tsada ba.

Alhaji Mai Studiyo: Ku yaran nan kuna ba ni mamaki. Ƙwararre mutum ne, ba ƙarfe ba. Wanda ya san haske zai fitar da hoton amarya da Canon 5D Mark III ta 2012, wanda ya fi na mai Sony A1 da bai san inda zai ajiye filas ba.

Ɗan Sony: Alhaji, ai maganata kenan. Tunda mutum ne ƙwararren, to Baban Hanifa ya janye kalmarsa.

Baban Hanifa: Ba na janyewa. Su kansu Sony ina suka ajiye ta? Masu sensa mai saurin karatu su ne A9 da A1. A7 IV a ƙasa take.

Maman Sultan: Ni tambayata ɗaya, Baban Hanifa. Me ya kai mutum shata marar ƙara a holin da DJ ke neman fasa kunnen jama'a? Wa zai ji ƙarar shata? Ka mayar da ita shatar inji, lanƙwashewar ta tafi. In har yanzu fitila na kyaftawa, wutarmu 50Hz ce, ka sa 1/100 ko 1/50, ka kunna Anti-flicker Shoot, saitin da ke kauce wa kyaftawar. Fitilun ado masu launi su ne masu taurin kai don kyaftawarsu ta fi ta wutar gida sauri, a nan ne za ka shiga Var. Shutter, saitin daidaita saurin shata, ka riƙa juya dayal kaɗan-kaɗan kana kallon allo har layukan su ɓace. In an koma kan janareta a tsakiyar taro ka sake dubawa, don injin da ba ya riƙe gudunsa yana sauya kyaftawar. Kuma filas ma ba ya tashi a shata marar ƙara a wannan kyamarar, to mai filas ɗin Godox a hannu dama shatar inji yake, 1/250 zuwa ƙasa.

Malam Canon: Hajiya ta yi bayani, amma kun ji yawan matakan? A R6 sensar ta fi saurin karatu, hoto 20 a daƙiƙa marar ƙara, 12 da shatar inji.

Ɗan Sony: Ka ƙarasa mana, Malam. A 20 ɗin nan RAW ɗinka ya sauko 12-bit. Kuma megafiksel 20 kacal.

Malam Canon: "Kacal"? 5472 a 3648. A 300 dpi inci 18 ne a tsawo. Albam nawa ake bugawa da ya wuce haka?

Ɗan Sony: Tawa 7008 a 4672, inci 23 da ɗoriya. Hoton dangi na mutum arba'in a jere, a ce maka a ciro fuskar kaka ita kaɗai a yi mata firem. A nan za ka san bambancin 20 da 33.

Alhaji Mai Studiyo: Ƙwararre ba ya ciro kaka daga hoton taro. Zaunar da ita yake ya ɗauke ta ita kaɗai.

Auta: Alhaji, da girmanka, ba kowa ne ke aiki a studiyo da labule da kujera ba. A wurin kamu ko ɗaurin aure ba a zaunar da kowa.

Alhaji Mai Studiyo: Wato mu na studiyo ba mu san aiki ba kenan? Tun ana wanke fim da ruwan magani ake wannan sana'ar, yaro.

Auta: Allah ya huci zuciyarka, ba haka nake nufi ba.

Na Nikon: Jama'a, in saurin karatun sensa ne damuwar, Nikon Z6 III ta 2024 an yi mata sensa mai sauri a megafiksel 24.5, Z8 kuma ko shatar inji ba ta da ita don ba ta buƙata.

Malam Canon: A bar batun lamba. A zo kan launi. Fatar mutanenmu a Sony kore-kore take fitowa, ko ta yi toka. Canon kuwa daga kyamara sai bugawa. Ga hoto nan, gani ya kori ji.

Ɗan Sony: Wannan hoton WhatsApp ya riga ya matse shi, ba EXIF, wato bayanan da kyamara ke rubutawa a jikin hoto, ba a san lens ba, ba a san hasken ba. Wa ya ce ma da Sony aka ɗauka? Turo RAW a matsayin dokumen.

Malam Canon: Wani ne ya turo min a wani zaure.

Maman Sultan: Korewar fata yawanci daga haske take. Dogon kwan fitila da LED masu araha suna da kore a cikinsu, in ka bar farin ma'auni, wato saitin daidaita launin haske, a kan oto sai ya yi ta yawo daga hoto zuwa hoto. A sa kati mai ruwan toka a inda amarya za ta zauna, a auna da shi a kulle, ko a sa Kelvin, lambar launin hasken, da hannu a ɗan tura shi ɓangaren magenta. In da filas ne a ɗakin da fitilunsa ja-ja ne, a manna wa filas ɗin jel mai ruwan lemo, in ba haka ba fuska fari, bango ja, babu editin da zai daidaita su cikin sauƙi. Tokar kuma daga awon haske ce: ango cikin farar shadda, mita ta ga fari ya cika firem sai ta rage haske, fuska ta nutse. Ka kunna zebra, layukan da ke nuna inda haske ya yi yawa, a 100+, ka ƙara haske har layukan su fara taɓa kafaɗar rigar, ka ja baya kaɗan. Aikin zaren wuya ya tsira, fuskar kuma a RAW za ka ɗaga ta. Sensar A7 IV tana da mataki na biyu a ISO 400 (ISO shi ne ma'aunin ƙarfin karɓar haske), don haka 400 ya fi 320 tsabta a inuwa. Wanda ya ɗaga inuwa sosai a ISO 6400 ne ke ganin tsaki-tsaki mai launi a fata, kuma wannan kowace kyamara ce.

Malam Canon: Duk wannan wahalar don a kamo abin da Canon ke bayarwa kyauta.

Ɗan Sony: Kyauta? R6 ta farko da ke ɗaukar zafi a 4K ta tsaya, ga iyakar minti 30 a kowane ɗauka?

Malam Canon: An gyara a R6 Mark II ta 2022, megafiksel 24, hoto 40 a daƙiƙa. Ita taku ba ta zafi a ranar Afrilu?

Auta: Tana yi in an bar ta yadda ta zo. A mayar da Auto Power OFF Temp. zuwa High, a buɗe allon ya rabu da jikinta, kar a bar haskensa a Sunny Weather in ba dole ba don yana shan batir yana ƙara zafi. Abin da ni zan yarda da Baban Hanifa a kai shi ne riƙo. Mariƙin ya fi na A7 III zurfi, amma da lens mai kauri irin Sigma 24-70 f/2.8, tsakanin lens da mariƙi ya matse, mai manyan yatsu gaɓoɓinsa na gugar lens. Allon kuma in ka buɗe shi gefe ka soka wayar HDMI, juyawa ta zama aiki. Sai ƙura: babu madubi a gaban sensa, da hunturu canjin lens ɗaya ya isa ka ga ɗigo-ɗigo a sararin sama a f/11. Akwai saitin da shata ke rufewa in an kashe ta, a kunna shi, a kifa bakin kyamara ƙasa wajen canji, kuma kar a taɓa labulen shatar da yatsa.

Baban Hanifa: Kun gani ko? Ƙwararre zai tsaya yana lallaɓa kyamara?

Ɗan Sony: Mun dawo kan ƙwararre. To ƙwararre lissafin lens yake yi. A E-mount, bakin da ake ɗaura lens a Sony, akwai Tamron 28-75 f/2.8 da Sigma iri-iri. Canon ta daɗe tana rufe nata bakin, RF, da ta buɗe wa Sigma da Tamron a 2024 ma da ƙananan lens na APS-C, wato na kyamarori masu ƙaramar sensa, aka fara.

Malam Canon: Adaftar EF, tsohon bakin Canon, fa? Duk tsofaffin lens ɗin 5D suna hawa, fokas lafiya lau. Kai dai faɗi gaskiya, Sony kake sayarwa a shago, shi ya sa.

Ɗan Sony: Subhanallah. Admin, ka ga an fara taɓa sana'a. Shi wa ya tambaye shi R6 nawa ya kawo daga Dubai suka ƙi tafiya?

Na Nikon: Ba wanda ya ce komai kan Z6 III.

Admin: Ya isa haka. Na karanta duka, ga abin da aka tsayar. Layi-layin da Baban Hanifa ya kawo laifin mai riƙe da kyamara ne, Maman Sultan ta warware shi. Maganar launi ba a kawo hujja ba, hoton da aka turo ba shi da asali. Megafiksel 33 ya fi 20, wannan lissafi ne ba ra'ayi ba, kuma lens ya fi samuwa a ɓangaren Sony. Matsewar mariƙi da yankan 4K 60 ƙananan abubuwa ne da ake sabawa da su. Don haka shawarar zaure ga mai shigowa tana nan a kan A7 IV. Malam Canon ya goge maganar shago kafin isha'i.

Malam Canon: Admin ɗin da hoton fuskar shafinsa A7 IV ce a wuya. Ba zan goge ba sai shi ma ya goge ta Dubai.