Musayar Waƙa: Wa Ke Cikin Dangin Shaho?

Ɗan Dala:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Mai iyawa ya amsa.

Bismillahi na buɗe fage,
Batun tsuntsaye masu farauta.
Alama uku ce ta haɗa su,
Kowacce zan zo in bayyana ta.
Baki lanƙwasasshe kamar ƙugiya,
Ya yagi tsoka ya ɗaiɗaita ta.
Farce huɗu, na baya ya fi tsawo,
In ya nutse ba sauran kuɓuta.
Sai ido mai hango 'yar tsako,
Ko uwa ta baje fiffike ta rufe ta.
Rana ta shaho ce da shirwa,
Gaggafa, mikiya, duk suna binta.
Dare kuwa an bar wa mujiya,
Ita ke mulki, ita da danginta.

'Yar Fagge:
Yaya Ɗan Dala, ka yi ƙoƙari,
Amma lissafinka bai cika ba.
Ina ungulu mai jewa a kwata?
Ko don sanƙo ne ba ka kira ta ba?

Ɗan Dala:
Ƙanwata, ungulu mushe take ci,
Ban ga ta kashe abin kalacinta ba.
Farce dakusasshe, ƙafa ba ƙarfi,
Ko ɗan tsako ba za ta sure ba.

Baba Mahauci:
Ɗana, saurara, ni mahauci ne,
Tare da ungulu na yi tasowa.
Masana da suka bi jini da ƙashi,
Gida ɗaya suka sa ta da shirwa.
Da gaggafa da mikiya duk dangi,
Sana'a ce kaɗai ke rabawa.
Sanƙon nan da kake rainawa,
Ka gan ta a tumbin mushe tana zaƙulowa?
Da gashi ne da jini ya daskare,
Fata kuwa rana ke busarwa.
Cikinta akwai tsami mai ƙarfi,
Cutar da ke mushe nan take narkewa.
Ƙafarta ta tattaki ce a ƙasa,
Ba ta ɗauka, a nan take cinyewa.
Da can in mun yanka da hantsi,
Kan katanga reras suke jeruwa.
Mu watsa hanji, kafin azahar
Fili fes, ba wari ba ruɓewa.
Yau yaro ya girma a birnin Kano,
Sai a karin magana yake jin ana ambatawa.
Guba da masu sayen kanta don asiri,
Su suka hana ta hayayyafawa.
Tun 2015 aka rubuta ta
A jerin masu dab da ƙarewa.

Malam na Kabuga:
Allah ya ƙara girma, Baba. Kada a raina gidan ungulu: a 1973 jirgin sama ya yi karo da babbar ungulun dawa a samaniyar Abidjan, a tsayin mita 11,300. Ga nawa:

Baba ya gama magana, ga ƙari,
Shaho biyu ne, ba a ce musu ɗaya.
Mai gajeren fiffike, doguwar jela,
Da farce yake matse kurciya.
Mai fiffike tsini, baƙin ido,
Tsagar bakinsa ce ke karya wuya.
Sarkinsu in ya naɗe ya sulmiyo,
Ya wuce kilomita 300 a awa ɗaya.
Binciken jini ya ce wannan,
Aku ya fi kusa da shi kan mikiya.
A yawancinsu mace ta fi girma,
Shi ke cefane, ita kan ƙwai take kwanciya.

'Yar Fagge:
Malam, na karɓa. To mujiya fa?
Kowa ya tsallake, ita ce saura.
Idonta a kafe yake, ba ya juyi,
Wuya ke yin aikin, ku lura.
Ƙashi 14 gare shi, namu 7,
Ta waiga baya, zama ba ta gyara.
Gashin fiffikenta laushi ne,
Ta dira kansa, kusu bai ankara.
Zagayen fuskarta na tara sauti,
A duhu tana jin motsi cikin kara.
Yara na jifanta wai mayya ce,
Alhali rumbu take tsarewa daga ɓera.

Ɗan Dala:
Baba, dangi na yarda dangi ne,
Amma ban ba ta kambun farauta.
Mai son gani ya hau Goron Dutse,
Shirwa jelarta a rabe, da ita zai gane ta.
Gaggafa sai daji: jar fuska, jar ƙafa,
Guntuwar jela, tangaɗi ne tashinta.

Baba Mahauci:
Riƙe kambunka, ɗana, ba ta nema,
Ni dai tambaya ɗaya nake aikowa.
Wanda ya ga ungulu bana a Kano,
Ya faɗi unguwar, gobe ina zuwa.