"Ba a mugun sarki sai mugun bafade": wai haka ne?

Baban Sadik: Salamu alaikum jama'a. Jiya limaminmu yana fassarar huɗuba kan shugabanci sai ya jefo maganar nan, "ba a mugun sarki sai mugun bafade", ya ce mu riƙa roƙa wa shugabanni mashawarta nagari. Ana fitowa dattijai biyu na unguwarmu suka kaure da musu a gindin dalbejiya. Ɗaya ya ce liman ya faɗi gaskiya, ɗayan ya ce tsoro ne kawai aka naɗa wa rawani. Sai da aka shiga tsakani. Ku yaya kuka ɗauki maganar?

Malam Na-Tudu: Wa alaikumus salam. Liman na kan hanya. Akwai hadisi a Bukhari cewa babu annabin da Allah ya aiko, ko halifan da ya ɗora, face yana da abokan sirri iri biyu, masu nuna masa alheri da masu zuga shi ga sharri. Sarki ba ya cin kasuwa, ba ya kwana a ƙauye. Abin da aka zuba masa a kunne da shi yake hukunci.

Bazazzagiya: Allah ya gafarta Malam, to bafaden daga sama ya faɗo cikin fada? Wa ya naɗa shi, wa yake ba shi riga?

Ɗan Dala: Malam, uzurin nan da ka kawo shi ne laifin da kansa. Shehu Magili da ya rubuta wa Sarkin Kano Muhammadu Rumfa nasiha kan mulki, abin da ya yi ta maimaitawa shi ne tushen kowace masifa sarki ya ɓuya wa talakawansa. In ba ya jin kowa sai fadawa, shi ya rufe ƙofar.

Bazazzagiya: Tunda Bakano ya buɗe littafi bari in taya shi. Tarihin Kano ya ce Sarki Kumbari, wanda ya yi mulki daga 1731 zuwa 1743, fadawa na son sa, talakawa ba sa son sa. Ya matsa wa kasuwar Kurmi da haraji har ta kusa mutuwa, ya sa wa malamai ma, Larabawa suka tattara suka koma Katsina. A nan wa za a ce mugu? Ko kabewa ce ta ba shi shawara?

Ɗan Dala: Hajiya, a bar kabewa ta huta, ba ta yi wa kowa komai ba. Ku dai da surutu aka san ku.

Ɗan Alkalawa: Shehu Ɗanfodiyo da ya lissafo zaluncin da ake yi a ƙasar Hausa cikin Kitabul Farƙi, jangali da kuɗin gari da gaisuwa, a wuyan masu mulki ya rataya su. A 1804 kuma ba da wani bafade aka gwabza a Tafkin Kwatto ba, da Sarkin Gobir Yunfa aka yi. Ni Bagobiri ne, ba daɗin faɗa nake ji ba. Sannan Fir'auna yana da Hamana, amma wa ya ce shi ne ubangiji mafi ɗaukaka?

Uwar Hanan: Ku tsaya in ba ku labarin da kakata, Allah ya jiƙanta, take ba mu. Tana yarinya lokacin En'e, mahaifinta yana da wani dukushi akawal mai fari a goshi, shi ya raine shi tun yana tsotso. Ba mai kuɗi ba ne, dokin nan shi ne abin da ake nuna shi da shi a ƙauyen. Da kaka ta yi, jakadan hakimi ya zo karɓar haraji. Aka biya shi tsaf. Zai tafi sai ya tsaya a turke ya ce labarin dokin nan ya kai kunnen hakimi, ya kamata a kai shi gaisuwa. Ya kwance ya ja.

Tsohon ya kwana bai runtsa ba. Da asuba ya kama hanya a ƙafa har garin hakimi, ya zube ya ce ranka ya daɗe, an karɓi dokina da sunanka. Ta ce hakimi ya yi salati, ya ce shi bai aiki kowa ba. Nan take aka kirawo jakada, aka tuɓe masa rawani, dogarai suka kwantar da shi a ƙofar fada suka zane shi da bulala gaban jama'a. Aka ba tsohon goro da sule biyu na guzuri, aka ce ya koma gida, doki zai biyo shi.

Ya koma ya share turke yana jira. Azumi ya zo ya wuce. Ranar salla suka tafi kallon hawa da ita da yayyenta, sai ga akawal ya sha jalala, ɗan hakimi a kansa. A gaba kuma ga jakadan nan da sabon rawani, yana ta kirari. Ta ce ta ja rigar babanta ta ce Baba ga dokinmu. Ya toshe mata baki da hannun hagu, ya ɗaga na dama ya yi jinjina tare da kowa.

Abin da ya sa na kawo labarin, har ta rasu ba ta taɓa yarda hakimin nan azzalumi ne ba. Sai ta ce mutumin kirki ne, ai ya sa an daki jakada, ba a mugun sarki sai mugun bafade. In muka ce Inna to dokin fa, sai ta ce yaro ne ya gani ya ƙyasa, wa zai hana ɗan sarki? Kuma in ta zo wajen nan sai ta rage murya ta waiga, alhali hakimin ya daɗe a ƙasa.

Malam Na-Tudu: Allah ya jiƙan Inna. Amma dai an hukunta jakadan, a ba hakimi wannan.

Bazazzagiya: An hukunta shi da sabon rawani. Malam, irin wannan bulalar ni ma a kwantar da ni.

Ɗan Damagaram: Ni a wurina ba tsoro ba ne, dabara ce. Talaka ba ya iya duban sarki ya ce ka ci zalina. Sai ya ce yaronka ya ci zalina, ya bar masa ƙofar gyara ba tare da ya ji kunya ba. Tsohon ya yi daidai, hakimin ne bai bi ta ƙofar ba.

Jikan Dogari: Kowa sai zagin fadawa. Kakana dogari ne, yana cewa rabin aikinsu ɗaukar zagin da ba nasu ba. Wa ya sani ko shi jakadan aiken sa aka yi, aka kuma dake shi a kai, ya yi shiru?

Sani Mai Waya: Wannan ai har yau ana yi. Wani mai girma yana da masu ba da shawara sun fi ɗaliban firamaren ƙauyenmu yawa, amma taki ya ɓace sai sojojin baka su hau rediyo, wai oga bai sani ba. In an yi rijiya ɗaya kuwa, oga ya sani, har da hotonsa a jiki.

Bazazzagiya: Sai a kori ɗaya da safe, da yamma a ba shi shugabancin hukuma.

Baban Sadik: Don Allah a bar siyasa, karin magana na tambaya.

Sani Mai Waya: Ni ban kama suna ba Yaya. Wanda ya tsargu da shi ake.

Malama Hadiza: Tun muna yara da haka aka shayar da mu. A Magana Jari Ce waziri ne maci amana, ya haɗa baki da Sarkin Sinari. A tatsuniya kuma zaki ba ya laifi, kullum dila ko gizo ne ya kai tsegumi.

Ɗan Alkalawa: Amma naman a cikin wa yake ƙarewa, Malama?

Ɗan Dala: Macijin rijiyar Kusugu a Daura ma Sarki ake ce masa, ya hana mutane ruwa sai ranar Juma'a. A faɗa mini sunan bafadensa.

Sani Mai Waya: Ruwa duk Juma'a? Wallahi ya fi wasu ƙoƙari. Famfonmu rabon da ya kawo tun kafin zaɓe.

Jikan Dogari: Uwar Hanan, sule biyun nan fa, tsohon ya kashe ko ya mayar?

Uwar Hanan: Ta ce tsakiya ya sayo wa babarsu da atamfa, wai kada a yi asara biyu.

Ɗan Damagaram: Atamfa a sule biyu? Hajiya a sake bincike, ko dai akwai canjin haraji a aljihunsa.