Thanos: ana sa shi a tawaga ko sai dai a yi masa taron dangi?

Malamin Aji Biyar ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ni malamin firamare ne a wani ƙauye kusa da Ringim, kuma gardama ce ta kawo ni, wadda ta kwana uku tsakanina da ƙanena ba ta mutu ba.

Bara da babbar salla ɗan wan babanmu da ke karatu a Ingila ya zo mana da tsarabar wasan Marvel: Crisis Protocol, babban akwatin nan na farko da kamfanin Atomic Mass Games ya fitar a 2019, mai ɗauke da ƙananan mutum-mutumi goma na roba da ake haɗa su yaƙi a kan fili. Biyar jarumai, biyar bosawa. Ba a haɗe suke zuwa ba, sai da na yi mako biyu ina yanke hannuwa da ƙafafuwa da reza ina mannawa da gam. Hannayen Doctor Octopus kaɗai sun ci mini dare guda. Filin wasan ƙafa 3 ne tsawo da faɗi, don haka na sa kafinta ya yanko mini falanki daidai wannan awo, muna ɗora shi a kan tabarma a zaure bayan isha'i, da fitila mai sola. Gine-ginen da ke cikin akwatin ba su ishe mu ba, sai yaran ajina suka ƙera mana motocin kara da gidajen kwali. Wallahi sun fi na kamfanin burge ni.

To, watan jiya ɗan uwan nan ya sake aiko da saƙo ta hannun wani, ciki har da Thanos, babban bos ɗin finafinan Marvel, da kujerar mulkinsa. Na hannu ne, wani ya yi amfani da shi, an riga an yi masa fenti, amma takardun duk sun cakuɗe a leda ɗaya. Ƙanena, wanda yake aji biyu na babbar sakandare kuma ya fi ni jin Turancin katunan, ya dage cewa Thanos ba a saka shi a tawaga. Ya ce dodo ne kawai, mutum ɗaya ya riƙe shi, mutum biyu su haɗu su yaƙe shi, ga shi ma an rubuta Ultimate Encounter a jikin takardun. Ni kuma na ga wani kati a ciki mai kama da na Red Skull da sauran mutanen akwatin farko, da lamba 6 a inda ake rubuta nauyin mutum, wato gurin da yake ci a tawaga. In ba a wasa da shi kamar kowa, me ya kawo wannan katin?

Ina son wannan bos ɗin tun da na kalli fim ɗin Avengers: Infinity War na 2018 a gidan kallo. Amma ba na so in yi wa yaron nan fin ƙarfi don ina yayansa. Wanda ya san dokar ya raba mu, don Allah.

Ɗan Haɗeja ya amsa:

Wa alaikumus salam Malam. Kai da ƙanenka kowa ya kama gefe guda na gaskiya, amma naka gefen ya fi girma. Akwatin Thanos, wanda ya fito a 2020, amfani biyu aka yi shi don shi. Akwai wasan taron dangin da ƙanenka yake faɗa, na mutum uku, kuma takardunsa daban ne, ƙarfin Thanos a can ya wuce misali saboda tawaga biyu ce a kansa. Sannan akwai katin da ka gani mai lamba 6. Wannan shi ne na wasan yau da kullum, kuma da shi Thanos yake shiga tawaga kamar kowa. Ka ware takardun gida biyu, kada ka taɓa ɗaukar ƙarfin wancan ka kawo nan, nan ne rigima take tashi.

Wasan nan ma bai hana kowa zama da kowa ba. In ka ga dama ka jera Thanos da Captain America a gefe ɗaya, doka ba ta ce komai ba. Abin da ta ce shi ne, in kana son cin moriyar shugabancin wata ƙungiya, to dole fiye da rabin tawagarka su zama 'yan ƙungiyar. Thanos shi ne shugaban Black Order, su Corvus Glaive da Proxima Midnight da Ebony Maw da Black Dwarf, kuma ba ka da ko ɗayansu. Don haka ka manta da nasa shugabancin tukuna, ka kawo shi a matsayin baƙo.

Ga lissafi, tunda malami ne kai. A wasa mai nauyi 17, Thanos ya ɗauke 6, saura 11. Red Skull 4, Ultron 4, Baron Zemo 3, ya cika cif. Mutum huɗu ke nan, uku 'yan Cabal, ƙungiyar Red Skull, ka ga Red Skull yana nan da shugabancinsa. In kuma kana son ba shi dutse daga duwatsun nan shida masu ƙara masa ƙarfi, wato Infinity Gems, cire Ultron ka sa Crossbones mai 3, sai guri ɗaya ya rage. Kowane dutse da nasa nauyin a rubuce a katinsa, ana ƙara shi ne a kan 6 ɗin.

Maman Sadik ta amsa:

Malam sannu da ƙoƙari, batun motocin karan nan ya faranta mini rai. Mu a gidanmu HeroClix yaran suke yi, wanda ya fito tun 2002, shi da fentinsa yake zuwa kuma a gindin mutum ake murɗa lambobin, ba ruwanka da gam. A can ma akwai Thanos kuma ana wasa da shi. Tambayata ɗaya, dattawan gida ba su yi maka magana a kan mutum-mutumin ba? Ni sai da muka yi da surukata cewa in an gama a kwashe a mayar cikin akwati, ba a jera su a kan kanta kamar kayan ado ba, sannan ta sakar mana mara.

Baban Zaure ya amsa:

Ɗan Haɗeja ya gama maganar doka, ba abin da zan ƙara. Ni abin da zan gaya maka, ƙanena, shi ne kada ka ɗauka ka samu bindigar da za ta gama yaƙi. Na ga mutane da yawa sun sa Thanos da murna sun tashi da haushi.

Wasan nan ba kasafai ake cin sa da kisa ba. Maki 16 ake nema, ko kuma a ga wanda ya fi yawa bayan zagaye 6, kuma makin yana fitowa ne daga katunan rikici guda biyu da ake buɗewa a farko, shuɗi na tsare wuri da ja na ɗauke kaya a gudu. Yanzu duba. Kai kana da mutum huɗu. Ƙanenka ya fito da jarumansa biyar, Captain America 4, Captain Marvel 4, Spider-Man 4, Iron Man 3, Black Widow 2, su ma 17 ne daidai. Ya fi ka ƙafafun da za su taka wuraren maki. Black Widow mai nauyi 2 in ta tsaya a kan wuri, makin da za ta kawo daidai yake da wanda Thanos mai 6 zai kawo. Kamar dara ce, wanda ya iya jera 'ya'ya shi ke ci, ba mai ƙarfin buga ƙasa ba.

To ina amfaninsa? A wajen juya mutane. Yana da ikon ɗauke mutum daga inda yake ya ajiye shi gefe, naka ko na abokin gaba. Wannan ya fi naushinsa daraja nesa ba kusa ba. Ka bari sai yaron ya gama motsa Spider-Man ya dasa shi a kan wuri, sannan ka tsame shi, ya tashi a tutar babu a wannan zagayen. Yana kuma iya ƙara wa na kusa da shi yawan dayis ɗin da za su jefa, to ka riƙe Zemo a gefensa. Sai dai duk wannan da kuzari ake saye, kuma kuzari ɗaya-ɗaya yake zuwa a farkon zagaye, sai abin da ka samu wajen bugu ko shan bugu. Kada ka ɓoye shi a bayan gidan kwali. Ka kai shi tsakiya ya sha bugu, jikinsa zai ɗauka.

Abu na ƙarshe, kamfanin yana gyara katuna lokaci-lokaci, yana kuma da jerin abubuwan da ya taƙaita ko ya hana a gasa. Duk suna shafinsa kyauta tare da littafin dokoki. Tunda naka na hannu ne, wata rana in ka shiga Ringim ka sa a buga maka sabon a shagon kwamfuta. A zaurenku dai, abin da kuka yarda da shi kafin a jefa dayis shi ne doka.

Malamin Aji Biyar ya dawo:

Allah ya saka da alheri gaba ɗaya. Na karanta wa ƙanena amsar Ɗan Haɗeja, ya ɗauki katin ya juya gaba da baya, ya ga gefen lafiya da gefen rauni kamar na kowa, ya ce ya yarda.

Maman Sadik, Baba ya yi magana tun ranar farko. Sharaɗinsa biyu ne, kada a bar su a fili kuma kada a ji ƙarar dayis bayan an kira salla. Muna kiyayewa, a tsohuwar adakar Inna suke kwana.

Jiya muka gwada jerin farko, Thanos da Red Skull da Ultron da Zemo. Yaya Baban Zaure, kamar kana zaune a wajen. A zagaye na biyu na sumar da Iron Man, raina ya yi fari, na bi Captain Marvel ina nema in ƙara. Kafin in farga Black Widow ta ɗauki kaya ta zagaya bayan motar kara, Spider-Man kuma ya zaune wurin hagu ba mai taɓa shi. A zagaye na huɗu ne na tuna maganarka na tsame Captain America daga tsakiya, na ci wurin, amma an riga an yi nisa. Ya kai 16 ina da 11.

Daren Juma'a za mu sake, wannan karon da Crossbones da dutse ɗaya. Wasan taron dangin kuma mun ajiye shi sai hutu, in ɗan ƙanwarmu ya zo daga Taura mun cika uku. Ƙanena ya riga ya ce shi zai riƙe Thanos ranar.