Zinaren Asante a fadar Manhyia: wai aro aka bai wa mai kaya?

Ɗan Aboabo:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ranar Asabar na kai 'yata gidan tarihin Manhyia, fadar Sarkin Asante, nan Kumasi, mu ga kayan zinaren da aka kawo daga gidajen tarihin British Museum da Victoria and Albert (V&A) na Ingila a 2024. Mun daɗe tsaye gaban wani lofe na zinare, sai takobin sarauta da ake kira Mpomponsuo. Mai zagayawa da mu ya ce kaya 32 ne, kuma aro ne na shekara uku, ana iya ƙara wasu ukun. Yarinyar ta ɗago kai ta ce, "Baba, ba na Sarkin Asante ba ne?" Wallahi na rasa abin ce mata. A 1874 sojojin Ingila ƙarƙashin Janar Wolseley suka shigo garin nan, suka kwashe dukiyar fada, suka cinna wuta. Ta yaya wanda ya shiga gidanka da bindiga zai dawo ya ce ya ara maka kayanka?

Malama Yar Kano:
Wa alaikumus salam Malam. Doka suke fakewa da ita. Dokar 1963 ta hana British Museum rabuwa da kayanta, V&A kuma ta 1983 ce ta ɗaure ta. Amma ai su suka rubuta dokokin da hannunsu. Gidan tarihin Fowler na Amurka ya mayar da guda bakwai a 2024, kyauta, ba zancen aro. Kayan aro ba ya rufe katara.

Baba na Zango:
Ɗana, ni ban ga laifin Sarkin Asante Otumfuo Osei Tutu II da ya karɓa ba. Shekara 150 ana jira, ga shi 'yarka ta gani da idonta ba sai ta nemi bizar Landan ba. Abu ɗaya kuma da ke ci mini rai: cikin rundunar Kyaftin Glover na Ingila da ta yaƙi Asante a wancan karon akwai sojojin Hausawa. Idan muna wannan magana mu riƙa tunawa da hakan.

Ɗan Aboabo:
Baba, ban taɓa jin wannan ba, jikina ya yi sanyi. Amma har yanzu ina tunanin ranar da wa'adi zai cika, a zo da akwatuna a sake kwashe su a gaban jama'ar Kumasi. Wa zai buɗe musu ƙofa?