Wai me yasa wasu ƙasashe birninsu mafi girma ba shine hedikwata ba?

Baban_Sadiq ya rubuta:

Assalamu alaikum yan uwa. Jiya da dare ƙanena ya kunyata ni a gaban mutane wlh, muna hira sai ya tambaye ni menene babban birnin Ostiraliya, ni kuma ko tunani ban tsaya yi ba nace Sydney, har da buga ƙirji. Yayi dariya ya miƙo min waya, sai naga Canberra, garin da ban taɓa jin sunansa ba tunda nake. Naƙi yarda nace to Turkiyya fa, ai Istanbul ne, nan ma ashe Ankara ne. Birazil nace Rio, ashe shima ba haka bane. Daga nan dai na kama bakina.
To abinda ya ɗaure min kai, tunda garin da yafi jama'a da kasuwanci yana nan, me zai sa gwamnati ta kwashi kayanta ta koma wani ƙaramin gari ko ma daji? Dan Allah masana a warware min, don sai na rama.

Malam_Taswira ya rubuta:

Wa alaikumussalam. Baban Sadiq kar ka damu, wannan tarkon ya kama mutane da yawa kafin kai. Na Ostiraliya ma abin dariya ne, kishi ne kawai ya haifi Canberra. Lokacin da yankunan ƙasar suka haɗe a 1901, Sydney tace ita ta cancanta, Melbourne tace ina, ba zai yiwu ba, kowa yaja daga. Da aka rasa yadda za ayi sai aka ce to kowa ya rasa, aka rubuta cikin tsarin mulki cewa sabon birnin zai zauna cikin jihar New South Wales, wato jihar da Sydney take, amma sharaɗi sai yayi nisan aƙalla mil 100 daga Sydney ɗin. Kaji fa, har nisan sai da aka auna. Kafin a gama gini majalisa ta zauna a Melbourne na wucin gadi, wucin gadin da ya kai har 1927. Wani Ba'amurke mai suna Walter Burley Griffin ne yaci gasar zana garin, aka aza harsashi a 1913 a wurin da galibi makiyayar tumaki ce.

Turkiyya kuma labarinta daban, ba kishi bane, yaƙi ne. Bayan yaƙin duniya na ɗaya sojojin Ingila da Faransa da Italiya sun mamaye Istanbul, sarkin Daular Usmaniyya na ciki amma ba shi da ta cewa. Mustafa Kemal, jagoran masu fafutukar 'yantar da ƙasar, sai ya kafa majalisarsa can tsakiyar Anatoliya, wato cikin ƙasar nesa da teku, a Ankara, a 1920, inda jiragen ruwan yaƙi ba za su iya zuwa ba. Da suka ci nasara bai koma Istanbul ba, a watan Oktoba 1923 aka ayyana Ankara a matsayin hedikwata, kwanaki kaɗan kafin a shelanta jamhuriya. A ganina har da son raba gari da zamanin sarauta a ciki, mutumin baya son inuwar fada a kansa.

Sarkin_Musu ya rubuta:

hhhh ni Switzerland ce ta taba kayar dani, shekara da shekaru ina cewa Geneva saboda kullum a labarai ana cewa an yi taro a Geneva, ashe gwamnati a Bern take. amma malam ni ban yarda duk hikima bace, wani lokacin son rai ne na shugaba kawai. dubi Cote d'Ivoire, shugabansu na lokacin Houphouet-Boigny ya dauke hedikwata daga Abidjan a 1983 ya kaita Yamoussoukro don kawai nan ne mahaifarsa, ya dankara wani katon coci a can wanda Fafaroma yazo ya bude a 1990, kuma har yau yawancin ma'aikatu da ofisoshin jakadanci suna Abidjan abinsu. to wannan wace irin hedikwata ce fisabilillahi

Maman_Ilham ta rubuta:

Sarkin Musu yau kam ka faɗi gaskiya. Ku je ku nemi hoton Naypyidaw na ƙasar Myanmar ku sha mamaki, sojoji ne suka tashi rana ɗaya a 2005 suka kwashe ma'aikata daga Yangon, akwai wani titi a can mai layi 20, a hoton da na gani babur ɗaya ne tal a kai sai wasu mata masu shara. Titi kamar filin saukar jirgi amma ba kowa.

Amma na Birazil ni ina ganin da hankali a ciki. Kusan duk manyan garuruwansu a bakin teku suke jere, Rio, Salvador, Recife, cikin ƙasar kuma fili ne fetal ba mutane sosai, shine shugaba Juscelino Kubitschek yace bari a ja mutane ciki, aka gina Brasilia cikin kusan shekara 4 aka buɗe ta a 1960. Baban Sadiq ka buɗe taswira a wayarka ka matso da garin kusa, zaka ga siffar jirgin sama ce sak, fikafikai biyu nan ne unguwannin zama, gangar jikin kuma ma'aikatu ne a jere, can wajen hancin jirgin majalisa da ofishin shugaban ƙasa. Ni da na gani na daɗe ina juya wayar.

Malam_Taswira ya rubuta:

Haka ne Hajiya. Kuma ko Rio ɗin ba itace tafi jama'a ba, Sao Paulo ce, kenan amsar Baban Sadiq ta faɗi ta ko'ina, yi haƙuri ɗan uwa.

Sarkin Musu ban musa maka ba, ai ban ce duka hikima bace. Kazakistan ma sun bar Almaty sun koma Astana a 1997, a 2019 aka canza mata suna zuwa Nur-Sultan don karrama tsohon shugabansu Nazarbayev, a 2022 aka sake maida ta Astana, masu buga taswira sun ga ta kansu. Amma wasu dole ce ke korarsu, Indunusiya yanzu haka tana gina Nusantara a tsibirin Borneo saboda Jakarta nutsewa take a hankali, an zuƙe ruwan ƙarƙashin ƙasa yayi yawa ga cunkoso ga ambaliya.

Baban_Sadiq ya rubuta:

Kai jama'a na gode, Allah ya ƙara basira. Na duba Brasilia ɗin, wlh jirgi ne. To yanzu ku bani guda ɗaya mai zafi wadda zan ɗana wa yaron nan, wadda duk amsar da ya bayar zan ce bai cika ba.

Sarkin_Musu ya rubuta:

tambaye shi Afirka ta Kudu. zai ce Johannesburg, ka ce a'a. zai gyara yace Pretoria, kace saura biyu. tun hadewar 1910 suka raba abin uku don kar wani yanki yayi fushi, gwamnati a Pretoria, majalisa a Cape Town, bangaren shari'a a Bloemfontein. in ya tsallake wannan ka jefa masa Bolibiya, zai ce La Paz tunda can shugaban kasa yake zama, amma a tsarin mulkinsu Sucre ce. sai dai ka tabbatar ka karbe wayarsa tukuna kafin ka fara