Muhawara: Shin sunan mahaifinsa ne ya kai Cody Rhodes inda yake?

Mai Gidan Kallo:
Assalamu alaikum jama'a. Jiya da dare bayan an tashi daga kallo, wasu samari biyu suka tsaya gardama a bakin ƙofata a kan Cody Rhodes, ɗan kokawar zamani na Amurka. Ban sa musu baki ba, amma maganar ta kwana a raina, shi ya sa na kawo ta gabanku. Ra'ayina shi ne, da ba ɗan Dusty Rhodes ba ne, da bai kai inda ya kai ba. Mahaifinsa ya riƙe kambun duniya na ƙungiyar kokawa ta NWA har sau uku, kuma a 2005 ya shiga cikin masu tsara wa babban kamfanin kokawa na WWE labaran wasanni. A 2006 aka ɗauki Cody aka tura shi OVW, inda WWE ke horar da sabbin 'yan wasa a lokacin, kuma bayan shekara ɗaya kacal, a watan Yulin 2007, sai ga shi a Raw, babban shirin talabijin na WWE, yana ɗan shekara 22, an haɗa shi da Randy Orton. Kafin shekarar ta ƙare an ba shi kambun 'yan biyu-biyu tare da Hardcore Holly. Ku kwatanta shi da AJ Styles, wanda ya fara kokawa a 1998 amma bai zama cikakken ɗan wasan WWE ba sai Janairun 2016, yana da shekara 38, ko Bryan Danielson da ya shafe kimanin shekara goma yana yawon ƙananan filaye a Amurka da Japan da Ingila kafin a buɗe masa ƙofa. Waɗannan 'yan haye ne, sun sha wuyar da ɗan gado bai sha ba.

Ɗalibi daga Zariya:
Wa'alaikumus salam Alhaji. Abin da ka faɗa game da farkon shigarsa gaskiya ne, amma ka tsaya a 2007 alhali labarin ya ci gaba. Idan sunan uba ne ke ɗaga mutum a wannan sana'a, ina Ted DiBiase ƙarami yake yau? Tare suka yi ƙungiyar Legacy a ƙarƙashin Randy Orton, wadda aka kafa ta a kan cewa dukansu 'ya'yan 'yan kokawa ne, kuma mahaifinsa ma babban suna ne a kamfanin, amma ya bar WWE a 2013 ba tare da ya riƙe kambun duniya ba. Curtis Axel ɗan Curt Hennig ne kuma jikan Larry Hennig, ya ƙare a wasannin buɗe fage. David Flair ɗan Ric Flair ne, David Sammartino ɗan Bruno Sammartino ne, kuma babu wanda ya kama ƙafar mahaifinsa a cikinsu. An buɗe musu ƙofar da aka buɗe wa Cody, sun shiga, sun fita.

Ɗan Rundawa:
Ni ina tare da Alhaji, kuma ina da dalilin da ya bambanta da nasa. Gidanmu gidan fawa ne, kuma kowa ya san yadda dambe yake a wurin mahauta tun zamanin kakanni. A dambe, ko ɗan wane ne kai, idan aka naɗa maka zare ka shiga fili, hannun abokin karawarka bai san mahaifinka ba. Kiɗa da kirari za su iya ambaton zuriyarka, amma kisa ba a gadonsa. Kokawar zamani kuwa ba haka take ba, domin a ofis ake yanke wanda zai yi nasara tun kafin a fito. Saboda haka duk kambun da za a lissafa mini cewa Cody ya ci, amsata ita ce ba shi aka yi. Wanda ke bayarwa kuma mutum ne mai tuna alheri da zumunci, kuma manyan kamfanin sun yi aiki da Dusty shekaru da yawa.

Malamar Sakandare:
Ɗan'uwa Ɗan Rundawa ya taɓo tushen maganar, kuma ina ganin sai mun warware shi kafin mu ci gaba. Gaskiya ne ana tsara sakamako. To amma wanda ke tsarawa ɗan kasuwa ne, kuma ba ya ɗora babban kambunsa a kan mutumin da ba zai sayar da tikiti da riguna ba, ko ya sa mutane su zauna gaban talabijin. Ma'aunin cancanta a wannan sana'a shi ne ko jama'a za su biya kuɗi don su gan ka, kuma wannan ba a rubuta shi a takarda.

Da wannan ma'auni, ku dubi abin da WWE ta yi da Cody a zamansa na farko. Ya riƙe kambun Intercontinental a 2011, shi ne ma ya dawo da tsohon samfurinsa mai farar fata, kuma a 2013 shi da yayansa Dustin, wanda aka fi sani da Goldust, sun doke ƙungiyar Shield mahaifinsu yana tsaye a gefen fage. Duk da haka, a 2014 aka shafa masa fenti a fuska aka mai da shi Stardust, wato kamar inuwar yayansa. Dusty ya rasu a watan Yunin 2015, kuma ko bayan rasuwar an bar ɗan cikin wannan shiga. Shi da kansa ya bayyana cewa ya yi ta roƙon masu tsara labarai watanni da dama su cire shi daga ciki, ba a saurare shi ba. Idan da zumunci ne ke tafiyar da kamfanin kamar yadda aka ce, ai lokacin juyayin rasuwar mahaifinsa ne ya fi dacewa a ɗaga shi, amma ba a yi ba. A watan Mayun 2016 ya nemi a sallame shi, ya bar albashi tabbatacce yana ɗan shekara 30. Abin da mutane da yawa ke mantawa shi ne, ya fita ne ba tare da sunan ba, domin WWE ce ta yi rajistar sunan Cody Rhodes a matsayin mallakarta. Shekara huɗu yana wasa da sunan Cody kawai, sai a ƙarshen 2020 ya samu damar amfani da cikakken sunan. A waɗannan shekaru ne ya shiga ƙungiyar Bullet Club a Japan, kuma ya ci kambun duniya na kamfanin Ring of Honor a 2017.

Mai Gidan Kallo:
Malama, na ji bayaninki kuma na gode, amma cire suna a takarda bai cire shi daga zukatan mutane ba. Duk mai shirya wasan da ya gayyace shi a 2016 ya san ɗan wane ne ya gayyata, masu kallo ma sun sani.

Ɗalibi daga Zariya:
Sun sani Alhaji, kamar yadda suka san ɗan wane ne David Flair. To amma bari mu zo kan wasan All In. Wani ɗan jarida mai suna Dave Meltzer ya ce bai ga alamar kamfanin Ring of Honor zai iya sayar da tikiti 10,000 nan kusa ba, sai Cody ya ce ya karɓi ƙalubalen. Shi da 'yan'uwan nan biyu da ake kira Young Bucks suka shirya wasan a kusa da birnin Chicago ranar 1 ga Satumban 2018, tikiti ya ƙare cikin ƙasa da rabin awa, kuma mutane fiye da 11,000 suka halarta. An shafe fiye da shekara ashirin ba a ga wani kamfani da ba WWE ko tsohon abokin hamayyarta WCW ba ya tara irin wannan jama'a a Amurka. Daga wannan wasa ne aka samu ƙwarin gwiwar kafa sabon kamfanin kokawa na AEW a farkon 2019 da kuɗin Tony Khan, Cody yana cikin mataimakan shugaban kamfanin. Wannan ba aikin ofishin WWE ba ne, kuma Dusty ya riga ya yi shekara uku da rasuwa.

Mai Gidan Kallo:
Ƙanena, ka kawo mini hujja da kanka. Wane wasa Cody ya yi a daren All In? Ya kara da Nick Aldis ne a kan kambun NWA, wato ainihin kambun da mahaifinsa ya riƙe sau uku, kuma abin da aka tallata shi ne cewa a karon farko uba da ɗa za su shiga tarihin kambun. A wasan AEW na farko a watan Mayun 2019, da wa ya kara? Da yayansa Dustin. Laƙabinsa kansa, wanda za a iya fassarawa da Mugun Mafarkin Amurka, juyin laƙabin mahaifinsa ne, Mafarkin Amurka. Da ya dawo WWE a WrestleMania 38, babban wasan shekara na kamfanin, a 2022, bayan kwana biyu ya tsaya ya ba da labarin yadda Dusty ya doke Superstar Billy Graham a filin wasa na Madison Square Garden a 1977 ta hanyar ƙidaya, ya ɗaga babban kambun kamfanin, amma aka karɓe domin doka ta ce kambu ba ya canza hannu idan abokin karawa ya kasa dawowa cikin fage kafin alƙali ya gama ƙidaya. Shekara biyu ana tafiya a kan wannan labari, cewa ɗa zai ƙarasa abin da uba ya bari. Ku cire Dusty daga ciki ku gaya mini abin da ya rage. Kuma kada a manta Young Bucks da Kenny Omega suna da nasu dubban masoyan da suka sayi tikitin All In.

Malamar Sakandare:
Alhaji, a nan ka fi ƙarfi, kuma ba zan musa ba cewa labarin mahaifinsa ne babban jarinsa. Inda muka rabu shi ne wanda ya mai da labarin ya zama jari. Wannan labari na 1977 yana nan tun kafin a haifi Cody. Dustin ya girme shi da shekara 16, ya shafe shekaru masu yawa a WWE, uba ɗaya suke, amma ba a taɓa gina WrestleMania a kansa da wannan labari ba. Cody kansa ya yi shekara tara a manyan shirye-shiryen kamfanin yana ɗauke da labarin, babu wanda ya ga darajarsa. Sai da ya fita, ya koyi magana a gaban jama'a da tasa murya, ya nuna zai iya cika fili, sannan labarin ya yi nauyi. Gonar gado takan zama saura a hannun wani ɗa, ta cika rumbu a hannun wani.

Akwai kuma abin da ba a iya tsarawa a ofis. A watan Yunin 2022, kwanaki kaɗan kafin wasan Hell in a Cell da ake yi a cikin kejin ƙarfe, jijiyar naman ƙirjinsa ta dama ta tsinke daga ƙashi yana ɗaga ƙarfe. Ya shiga kejin da Seth Rollins, kuma da ya tuɓe riga rabin ƙirjinsa har zuwa hannu ya yi baƙi da taruwar jini. Ya yi wasa fiye da minti ashirin a haka, sannan aka yi masa tiyata, bai dawo ba sai Janairun 2023. Na kalli wasan da ɗana, kuma sau da yawa na kau da kai. Ban goyi bayan a bar mutum ya yi wasa a wannan hali ba, amma ciwon nasa ne, ba na mahaifinsa ba.

Ɗan Rundawa:
Wannan na yarda da shi Malama, domin duk wanda ya taɓa shiga fili da rauni ya san abin da ake nufi. Amma har yanzu ofis ne ya ce ya ci Royal Rumble, gasar da ke ba da damar neman babban kambu a WrestleMania, a 2023 da 2024, kuma ofis ne ya ce ya doke Roman Reigns, mai riƙe da babban kambun WWE a lokacin.

Direban Tirela:
Ku ba ni dama in sa baki a kan wannan, domin na bi abin da ya faru a farkon 2024 sosai. Ofis ya so wani abu dabam. A farkon Fabrairu, bayan Cody ya ci Royal Rumble karo na biyu a jere, aka nuna ya janye ya bar wa The Rock karawa da Roman Reigns. The Rock a lokacin ya shiga hukumar gudanarwar TKO, kamfanin da ya mallaki WWE, kuma babu ɗan kokawar da ya kai shi suna a duniya. Jama'a suka ƙi, suka yi ta ihun cewa Cody suke so a filayen wasa da intanet, har cikin mako guda aka mayar da shi gurbinsa. Ku lura kuma su wane ne mutanen uku. The Rock ɗan Rocky Johnson ne kuma jikan Peter Maivia, Roman Reigns ɗan Sika ne na zuriyar Anoa'i. Dukansu 'yan gado ne, kuma a cikinsu jama'a suka zaɓi guda. Ranar 7 ga Afrilun 2024 a Filadelfiya Cody ya kawo ƙarshen mulkin Roman na kwana 1,316 a matsayin zakara. Sannan a tuna cewa a ƙarshen zamansa a AEW, a 2021, masu kallo ihu suke masa na ƙi, alhali sunan mahaifinsa bai canza ba. Idan suna ne ke sa a so mutum, da ba a yi masa wannan ihun ba.

Mai Gidan Kallo:
Na saurari kowa, kuma na janye rabin maganata. Abin da ya faru daga 2016 zuwa yau ba zan ce kyauta aka ba shi ba, musamman batun All In da abin da ɗan'uwa Direba ya tunatar da ni. Amma rabin da ya rage ina nan a kansa. Yaron da ya ci gasar kokawar makarantun jihar Jojiya sau biyu yana da ƙwazo, sai dai irinsa suna da yawa a Amurka, kuma ba a kai su Raw cikin shekara ɗaya. Shekara tara da ya yi a talabijin ita ce ta sa aka san fuskarsa ranar da ya fita, ita ce ta sa masu shirya wasa suka ɗauki wayarsa, kuma wannan shekara tara mahaifinsa ne ya buɗe masa ita. Ranar Juma'a bayan sallar isha'i zan saka wasansa da Dustin na 2019, wanda aka ƙare da jini da rungumar juna, kuma zan kira samarin nan biyu su zauna a gaba su kalla tare da ni.