Musayar waƙa: Lupita, daga dandalin Nairobi har dajin Sambisa

Maman Ilham:
Salamu alaikum 'yan uwa, jiya na sake kallon Black Panther da yarana, da aka rubuto Sambisa a allo wallahi sai naji jikina yayi sanyi, nace to yau musayar mu kan Lupita Nyong'o ce, jarumar da ta fito a fim ɗin. Amsa-amo "ya", wanda ya karɓa kar ya sauya.

Bismilla zan waƙe Lupita,
Baƙa mai kyau 'yar ƙasar Kenya.
A Meziko cibinta ya faɗi,
A Kenya ta koyi tafiya.
Tana sha huɗu ta hau dandali,
Juliet ta fito tana yarinya.
Tun kan kyamara ta san fuskarta,
Dandali ya gyara mata murya.

Abban Sadiq:
Na karɓa Hajiya, amma kin tsallake 2009, shekarar da ita da kanta ta shirya ɗan fim kan rayuwar zabiya, wato albino, a Kenya, ba wani katafaren kamfani a bayanta.

Ba da jan kafet ta fara ba,
Bayan kyamara ta fara tsaya.
Waɗanda ake nunawa da yatsa,
Ta ba su dama, sun buɗe zuciya.
Sai ga Shuga a talabijin,
Kan ƙanjamau, ba rufa-rufa ba kunya.
Shirin da ya tashi a Nairobi,
Daga baya ya sauka Najeriya.

Ummu Hanan:
Ni dai ku bar min Patsey, baiwar da Lupita ta fito a matsayinta a fim ɗin 12 Years a Slave. Lupita ta gama jami'ar Yale 2012, fim ɗin ya fito 2013, Oscar 2014, amma ni ba kyautar ce ta tsaya min a rai ba, wannan ɗan sabulun ne, har yau in na tuna sai ƙwalla ta taru min.

Baiwa ce a gonar auduga,
Ta fi maza tsinka, ba godiya.
Uwargida ta hana ta sabulu,
Ta je maƙwabta ta samo ɗaya.
Ta buɗe tafin hannu ta nuna,
Ɗan guntu ne, ba ta yi ƙarya.
Aka tuɓe ta aka ɗaure a turke,
Bulala ta tsattsage mata baya.

Ɗan Zazzau:
Anti kin sa mu kuka, amma ni inada ƙorafi, kar a ji haushina.

Mai Oscar a hannu sabo fil,
Sai ta ɓoye fuska wa duniya.
A Star Wars kwamfuta ta rufe ta,
Ba ma ganin ta, sai dai murya.
Sannan ta koma wasan dandali,
Mutum nawa ɗaki zai ɗauka gaba ɗaya?
Lokacin da kasuwarta ke ci,
Me ya sa ta sauya hanya?

Maman Ilham:
Haba ƙanena, ai wannan komawar ce ta sa nake girmama ta. Eclipsed ne wasan, ya hau Broadway, babban dandalin wasan kwaikwayo na New York, 2016, marubuciya da darakta da duk 'yan wasan mata ne baƙaƙe, kuma har ta shiga jerin 'yan takarar Tony, babbar kyautar wasan dandali, kuma ka tuna a dandali ba "cut" ba a sake ɗauka, in ka yi tuntuɓe a gaban jama'a kayi shi.

Ta fito 'yar shekara sha biyar,
A tsakiyar yaƙin Laberiya.
Kwamandan 'yan tawaye ya kama ta,
Ya mai da ita mata, marainiya.
Kowane dare ta sha wannan ɗacin,
Gobe ta dawo ta kuma shirya.
Da ba don sunanta a kan allo ba,
Wa zai zo jin kukan yarinya?
Shi ya sa da na gan ta a Sambisa,
Cikin 'yan matan da aka ɗebo kamar kaya,
Ta yafa mayafi ta zauna shiru,
Na yarda da ita har cikin zuciya.

Ɗan Zazzau:
To Hajiya na ji, amma fa ban janye maganar Star Wars ba. Saura uwar nan da ta fito a Queen of Katwe, mai sayar da masara a Kampala, Abban Sadiq kai ka fi mu sanin fim ɗin, bismilla.